Asmahan: Gimbiyar Dutse Da Ta Zama Tauraruwar Alƙahira

Gabatarwa

Idan ana zancen mawaƙan Larabawa mata, sunan da ya fi saurin zuwa bakin mutanenmu shi ne na Ummu Kulsum, wadda ta shafe kimanin shekara 50 tana jan zarenta a Masar, har ta rasu a 1975 da tsufanta da girmanta. To amma a tsakanin shekarun 1930 da 1944 an yi wata yarinya a birnin Alƙahira wadda masana kiɗan Larabawa da dama suke ganin ita kaɗai ce muryarta ta isa a jera ta da ta Ummu Kulsum ba tare da an ji kunya ba. Sunanta na yanka Amal al-Atrash, amma duniya da Asmahan ta san ta.

Fim biyu kacal ta fito a ciki. Waƙoƙin da ta bari a faifai 'yan gommai ne, kuma shekarun da ta yi tana sana'ar, in an tattara su wuri ɗaya, da ƙyar za su kai goma. Duk da haka yau shekara 80 da ɗoriya ke nan da mutuwarta, gidajen rediyon Larabawa ba su daina sa muryarta ba, marubuta kuma ba su daina gardama a kanta ba. Wannan maƙala za ta bi sawun rayuwarta daga asalinta har zuwa ranar da ta gamu da ajalinta, sannan ta duba yadda aka rubuta labarinta, domin a nan ne ɗan ƙungiyar marubuta zai fi samun abin ɗauka.

Asali da ƙuruciya

A kudancin ƙasar Siriya akwai wani yanki mai baƙaƙen duwatsu da ake kira Jabalud Duruz, wato Dutsen Duruz, babban garinsa kuwa shi ne Suwaida. Duruzawa al'umma ce mai aƙida tata ta daban, wadda ta samo tushe a Masar a ƙarni na 11 zamanin daular Faɗimiyya, suka bazu a tsaunukan Siriya da Labanan da Falasɗinu. An san su da riƙon al'ada da jarumtaka da kishin mutuncin gida. Gidan Atrash shi ne babban gidan sarauta a wannan dutse, kuma daga cikinsa Sulɗan Basha al-Atrash ya fito, wanda ya jagoranci babban boren da Siriyawa suka yi wa Turawan Faransa daga 1925 zuwa 1927.

Mahaifin Amal, Fahad al-Atrash, ɗan wannan gida ne, ya kuma yi wa daular Usmaniyya aikin hakimci a wata gunduma da ake kira Damirji a yammacin Turkiyya. Mahaifiyarta, Aliya al-Munzir, Baduruziya ce daga Labanan, mace mai murya, wadda ta iya kaɗa udu, wato garayar nan ta Larabawa mai faɗin ciki. Ranar haihuwar da aka fi kawowa ita ce 25 ga Nuwamba, 1912, ko da yake wasu marubuta sukan jawo shekarar zuwa 1917. Labarin da ya shahara shi ne a cikin jirgin ruwa aka haife ta, lokacin da iyayenta suka baro Turkiyya suka nufi Bairut cikin halin tsoro, shi ya sa aka raɗa mata Amal, wato buri ko kyakkyawan fata. Tana da yayye maza biyu da suka rayu, Fu'ad da Farid.

Bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya, Faransa ta karɓi riƙon Siriya da Labanan. Ba a jima ba zama ya yi tsami tsakaninta da gidan Atrash. A 1922 Faransawa suka kama wani ɗan gwagwarmaya mai suna Adham Khanjar wanda ya zo neman mafaka gidan Sulɗan Basha. A al'adar dutsen, taɓa baƙon mutum daidai yake da taɓa rawaninsa, saboda haka Sulɗan ya ɗauki makami, su kuma Faransawa suka yi wa gidansa ruwan wuta. Ganin haka, Aliya ta kwashi 'ya'yanta uku ta bar ƙasar ba da son mijinta ba. Ta bi ta Bairut da Haifa, ta isa Alƙahira wajejen 1923. An ce Sa'ad Zaglul, jagoran 'yan kishin ƙasar Masar, shi ya tsaya musu aka bar su suka shiga, saboda sanayyar da ke tsakaninsa da gidansu.

A Alƙahira duniya ta juya musu baya. Matar da ta saba da barori sai ga ta tana ɗinki da wankau don ta ciyar da yara, daga baya ta shiga waƙa a gidajen biki. Da za a sa yaran a makarantar 'yan mishan ta Faransawa, sai da aka ɓoye sunan Atrash aka rubuta musu Kusa, domin sunan gidan 'yan tawaye ba zai buɗe musu ƙofar makarantar Faransa ba. Wannan ƙuruciya ta bar wa Amal tabo biyu da suka bi ta har kabari. Na farko, ta tashi da sanin cewa ita 'yar sarauta ce wadda talauci ya ci wa fuska, don haka duk kuɗin da ya shigo hannunta daga baya ba ya kwana. Na biyu, ta tashi a ƙasar da take ƙauna amma zamanta a ciki kullum yana rataye da takarda da sa hannun wani.

Yadda aka gano muryarta

Kafin a fahimci abin da Asmahan ta yi, ya kamata mai karatu ya san yadda sana'ar waƙa take a Masar a wancan zamani. A wurinmu mawaƙi irin su Mamman Shata shi ke ƙirƙirar baitinsa, ya ɗora masa kari, ya kuma rera. A Masar aikin kashi uku ne: sha'iri ya rubuta baitoci, wani gwani ya tsara musu kari da kiɗa, sannan mawaƙi ya rera. Saboda haka darajar mawaƙiya tana da alaƙa da irin gwanayen da suka yarda su ba ta karinsu, kuma gasar da ake yi a kan waɗannan gwanaye ba ƙarama ba ce. Makaɗan da ke raka mawaƙi kuwa 'yan kaɗan ne, ana kiran ƙungiyarsu takhat: mai udu, mai ƙanun, mai sarewa, mai goge irin na Turawa da mai ƙaramin bandiri. A daidai lokacin da Amal take tasowa ne wannan tsari ya fara sauyawa. Kamfanonin faifan garmaho sun yi ƙarfi, fim mai magana ya shigo Masar a 1932, gidan rediyon gwamnati ya buɗe a 1934, sannan a 1935 attajirin nan Ɗal'at Harb na Bankin Misra ya kafa babban gidan shirya fim na Studiyo Misra. Duk waɗannan suna neman sababbin muryoyi.

Farid ne ya fara shiga harkar, domin tun yana yaro ya kama udu, har ya zama ɗaya daga cikin gwanayensa a duniyar Larabawa. Gidansu ya zama mazaunin makaɗa. Daga cikin masu zuwa akwai Dawud Husni, wani tsohon gwani Bayahuden Masar. Shi ne wata rana ya jiyo Amal tana rera waƙa a ɗaki, ya sa aka kira ta ta maimaita, ya kuma ce zai koyar da ita. Shi ya laƙaba mata suna Asmahan, ana kuma cewa sunan wata ɗalibarsa ce mai zaƙin murya da ta rasu kafin ta shahara. Wani gwanin ɗan Labanan, Farid Gusun, shi ma ya koyar da ita, kuma da karinsa ta yi faifanta na farko a kamfanin Columbia. Kafin a ce haka Muhammad al-Ƙasabji da Zakariyya Ahmad, waɗanda su ne ginshiƙan waƙoƙin Ummu Kulsum a lokacin, sun fara ba ta nasu karin. Tana budurwa ɗanya ta tsaya a dandalin gidan Opera na Alƙahira.

Me ya bambanta muryarta? Masana sun fi ambaton abu uku. Na ɗaya faɗin zango: takan sauka ƙasa da murya mai kauri da sanyi, ta kuma haura can sama ba tare da an ji ta taƙure ba. Na biyu fitar da haruffa, domin ko a ƙasidun Larabci na fusha ba ta cin baƙi ko wasali. Na uku, kuma wanda ya fi zama nata ita kaɗai, ta iya salon rerawar Turawa na Opera, inda ake fitar da sauti daga kai maimakon maƙogwaro, tana shiga cikinsa ta fito ta koma salon Larabawa a cikin waƙa ɗaya. Kunnenta ya saba da waƙoƙin Turawa tun a makarantar mishan, bakinta kuma ya saba da na Larabawa tun a cinyar mahaifiyarta.

Aure da komawa dutse

Abin da Alƙahira take tafa wa, a Dutsen Duruz abin kunya ne. A ce 'yar gidan Atrash tana tsayawa gaban maza baƙi tana waƙa ana biyanta, wannan magana ce da dattawan Suwaida ba za su iya haɗiyewa ba. Wanta Fu'ad, wanda yake ganin shi ne uban gida a madadin mahaifinsu, yana cikin masu wannan ra'ayi. A 1933 ɗan'uwansu Yarima Hasan al-Atrash ya zo Alƙahira ya nemi aurenta, aka ɗaura bisa sharaɗin za ta bar waƙa. Ta tare a Suwaida, aka gina mata gida, ana kiranta Amira, wato gimbiya. A wannan aure ta haifi 'yarta tilo, Kamiliya.

Sai dai wanda ya saba da kasuwa, zaman ƙauye ba ya yi masa daɗi ko da a gidan sarki ne. Shekaru kusan shida ta yi tana kai da komowa tsakanin dutsen da Alƙahira, kowace tafiya kuma sai ta ƙara nisa da mijinta. A 1939 auren ya mutu, ta dawo Masar ta ci gaba da waƙa daga inda ta tsaya.

Shekarun ganiya

Daga 1939 zuwa 1941 ne Asmahan ta yi mafi yawan ayyukan da ake tunawa da ita a kansu. Muhammad Abdulwahab, wanda ake yi wa kallon sarkin mawaƙan Masar maza, ya zaɓe ta ta rera ɓangaren Laila, shi kuma ya rera na Ƙais, a wani yanki na wasan Majnun Laila na sha'iri Ahmad Shauƙi, wanda aka sa a fim ɗinsa Yaum Sa'id na 1940. A wannan fim muryarta kawai aka ji, ba a ga fuskarta ba.

Ƙasabji kuwa ya samu a muryarta abin da ya daɗe yana nema. Mutum ne mai son gwaji, yana son ya shigo da dabarun kiɗan Turai cikin na Larabawa, Ummu Kulsum kuma a lokacin ta fara karkata ga salon gargajiya. Sai ya tsara wa Asmahan waƙar Ya Ɗuyur, wadda a cikinta take kwaikwayon kukan tsuntsaye da muryar sama irin ta 'yan Opera. Har yau malaman kiɗa suna kafa misali da wannan waƙa idan ana zancen haɗa salon gabas da na yamma. Shi Ƙasabji daga baya ya ƙare rayuwarsa yana zaune a bayan Ummu Kulsum yana kaɗa mata udu, ba ta ƙara rera sabon karinsa ba tun ƙarshen shekarun 1940 har ya rasu a 1966. Masu nazari da yawa suna ganin mutuwar Asmahan ce ta raba shi da muryar da za ta iya ɗaukar tunaninsa.

Ba a salon Turawa kaɗai ta tsaya ba. Ta rera ƙasidu da karin Riyad as-Sunbaɗi, ta rera waƙoƙin soyayya masu tafiyar tango da karin Madhat Asim, ta kuma rera waƙar begen Annabi da ta shafi tafiyar alhazai, wadda Farid ya tsara, gidajen rediyo suka daɗe suna sa ta a lokacin aikin hajji.

A 1941 fim ɗinta na farko ya fito, Intisar ash-Shabab, wato nasarar matasa, wanda Ahmad Badarkhan ya ba da umarni. Ita da Farid suka fito a matsayin wa da ƙanwa da suka baro ƙasar Sham suka zo Alƙahira neman abinci da waƙa, suka sha wuya kafin su dace. Kowa ya gane labarinsu ne aka ɗan sauya wa riga. Fim ɗin ya karɓu ƙwarai, ya tabbatar da Farid a matsayin mai tsara kiɗan fim, ita kuma ya nuna cewa kyamara tana ƙaunar fuskarta. A Suwaida kuwa ran dangi ya ɓaci, domin a ganinsu waƙa a faifai ma ta isa abin magana, balle a ga 'yarsu a majigi. A wannan tsakani ta yi wani ɗan gajeren aure da Badarkhan, wanda bai wuce 'yan makonni ba.

Kuɗi ya shigo, ya kuma fita kamar yadda ya shigo. An san ta da kyauta ta fitar hankali da son tufafi da zaman dare da manyan gari. Cikin waɗanda aka riƙa haɗa sunanta da nasu akwai Ahmad Hasanain Basha, shugaban fadar Sarki Faruƙ, mutumin da Sarauniya Nazli, mahaifiyar sarkin, ta ƙwallafa rai a kansa. Wanda duk ya shiga tsakanin fada da abin da take so, ya san ya taro wa kansa faɗan da ya fi ƙarfinsa. Takardar zamanta a Masar ta zama sandar da ake ɗaga mata duk lokacin da aka ga dama.

Yaƙi da leƙen asiri

A watan Yunin 1940 Jamus ta ci Faransa, aka kafa gwamnatin Bishi mai biyayya ga Hitila, Siriya da Labanan kuma suka faɗa hannun wannan gwamnati. A watan Mayun 1941 jiragen saman Jamus suka riƙa sauka a filayen Siriya a kan hanyarsu ta kai wa Rashid Ali al-Kailani gudummawa a boren da ya yi wa Ingila a Iraƙi. Wannan ya sa Ingila da sojojin Janar Digol, waɗanda ake kira Faransa Mai 'Yanci, suka ƙudura mamaye Siriya daga kudu. Hanyar kuwa ta gefen Dutsen Duruz ta bi, kuma babu janar mai hankali da zai so mayaƙan dutsen su tsaya masa a gaba.

A nan ne Ingilishi suka tuna da tsohuwar matar Yarima Hasan. Suka nemi Asmahan ta kai wa shugabannin Duruzawa saƙo cewa sojojin ƙawance suna tafe, kada a tare su, kuma sakamakon haka shi ne 'yancin Siriya. Ta amsa, aka biya ta, ta bar Alƙahira ta bi ta birnin Ƙudus ta shiga dutsen. Hasan ya karɓi saƙon, ya kuma nemi a mayar da aurensu, aka mayar. Ranar 8 ga Yuni, 1941 sojojin suka tsallaka iyaka, Janar Katru ya yi shelar alkawarin 'yanci da sunan Digol, kuma kafin tsakiyar Yuli sojojin Bishi sun miƙa wuya. Duruzawa ba su tare hanya ba.

Na ɗan lokaci Asmahan ta zama gimbiya ta sosai. Tana karɓar manyan hafsoshi a Dimashƙa da Bairut, tana sauka a otal ɗin Sarki Dawuda a Ƙudus, ta gana da Digol kansa. Janar Edward Spears, wakilin Ingila a Siriya da Labanan, ya ba ta wuri a littafin tarihin aikinsa, inda ya yaba kyanta ya kuma nuna bai amince da ita ba. Sai dai alkawarin 'yanci ya zama romon baka, domin sojan Faransa na ƙarshe bai bar Siriya ba sai a watan Afrilun 1946. Kuɗin da aka ba ta ya ƙare, masu ba ta kuma suka fara janye hannu. Ta kama hanyar Turkiyya da niyyar ganawa da Franz von Papen, jakadan Jamus a Ankara, amma Ingilishi suka tare ta a kan iyaka suka mayar da ita Bairut. Daga ranar ta zama abar zargi a wurin kowane ɓangare. Aurenta da Hasan ya sake mutuwa, ƙofar Masar kuma tana rufe.

Fim na ƙarshe da ajali

Mafita ta zo mata ta hannun Ahmad Salim, wani ɗan gayun Masar, matuƙin jirgin sama kuma ɗan fim, wanda ya taɓa shugabantar Studiyo Misra. Suka yi aure a 1944, ta samu damar komawa Alƙahira. Auren bai yi albarka ba. Kishi ya yi yawa, har wata rana rigima ta kai ga harbe-harbe a gidan, Salim ya ƙare a gadon asibiti da harsashi a jikinsa.

Duk da wannan hargitsi, aikin da ta dawo yi ya tafi daidai. Yusuf Wahbi, babban ɗan wasan kwaikwayon Masar, ya ɗauke ta a fim ɗinsa Garam wa Intiƙam, wato soyayya da ramuwa. Ta fito a matsayin mawaƙiyar da aka kashe wa miji, ta ƙudura jan wanda take zargi da kisan cikin tarkon soyayya don ya yi iƙirari, sai tarkon ya kama har da ita, ta kuma gano cewa mijin da take neman fansarsa ba mutumin kirki ba ne. A cikin wannan fim ne ta rera Layali al-Uns, waƙar da ke yabon daren birnin Biyana na Ostiriya, baitocin Ahmad Rami da karin Farid, bisa tafiyar rawar Turawa ta wals. Abin lura, an yi waƙar ne a lokacin da Biyana take ƙarƙashin Hitila, yaƙi yana cin Turai, masu kallo kuwa suna neman inda za su ɓoye daga labarin yaƙi ko da na sa'a biyu ne.

Saura kaɗan a gama ɗaukar fim ɗin ta nemi hutu. Ranar Juma'a, 14 ga Yuli, 1944, ta shiga mota da ƙawarta Mari Ƙilada suka nufi Ra'asul Bar, wani wurin shan iska a bakin teku. A kusa da garin Mansura motar ta kauce ta faɗa cikin wata babbar magudanar ruwan noma. Motar mai ƙofa biyu ce, matan kuma suna zaune a baya. Direba ya yi tsalle ya tsira, su biyun ruwa ya ci su. In an bi shekarar haihuwa ta 1912, Asmahan tana da shekara 31.

Yusuf Wahbi ya sauya ƙarshen labarin, ya sa tauraruwar fim ɗin ta mutu a haɗarin mota. Da aka fara nuna shi a ƙarshen shekarar, mutane suka yi ta tururuwa, suna kallon mace tana wasa da mutuwar da ta riga ta same ta. An binne ta a Alƙahira. Da Farid ya rasu a Bairut a watan Disambar 1974, aka kawo gawarsa aka sa kusa da ita.

Tsirar direban ce ta buɗe ƙofar zance. Wasu suka ce Ingilishi ne suka kashe ta don ta san asirinsu da yawa, wasu suka ce Jamusawa ne, wasu suka nuna fada, wasu suka nuna tsofaffin mazanta ko danginta, har da masu jefa sunan Ummu Kulsum a ciki don kawai kishiyar sana'a ce. Yawan waɗanda ake zargi ya nuna yawan ɓangarorin da ta yi hulɗa da su, amma har yau babu wanda ya fito da hujjar da ta tabbatar da ko ɗaya daga cikin zarge-zargen.

Waɗanda suka rubuta labarinta

Asmahan ba ta bar littafi da hannunta ba. Mafi yawan abin da aka sani game da zuciyarta ya fito ne daga bakin maza biyu. Na farko shi ne Muhammad at-Tabi'i, shahararren ɗan jaridar Masar, wanda ya yi kusa da ita ƙwarai, ya kuma rubuta littafi da ya ce labarinta ne kamar yadda ta ba shi. A wurinsa ita mace ce mai rauni wadda ba ta jin shawara, shi kuma mai ba da shawarar. Na biyu shi ne wanta Fu'ad, wanda aka rubuta wani littafin daga bakinsa. A wurinsa ita ƙanwa ce da ta kauce hanya, shi kuma mai ƙoƙarin tsare mutuncin gida. Kowannensu ya faɗi gaskiya gwargwado, amma kowanne ya zaɓi gaskiyar da za ta wanke shi. Janar Spears ma da ya ambace ta, ta fuskar aikinsa ya dube ta.

Sai a shekarar 2000 wata malamar tarihi, Sharifa Zuhur, ta fitar da littafi da Turanci inda ta jera waɗannan ruwayoyi ta auna su, ta je dutsen ta tattauna da dangi, ta kuma ba waƙoƙin kansu babi na musamman. A 2008 aka yi wasan talabijin mai dogon zango a kan rayuwarta, 'yar wasan Siriya Sulaf Fawakhirji ta fito a matsayinta, aka nuna shi a watan azumi, gardama kuma ta sake tashi sabuwa.

Kammalawa

Ga ɗan'uwa marubuci mai sha'awar rubuta tarihin wani mawaƙi ko ɗan wasa, rayuwar Asmahan tana ɗauke da gargaɗi guda biyu. Na farko, a tambayi kowace ruwaya daga bakin wa ta fito, me kuma mai ba da ita zai samu in an gaskata shi. Aboki da ɗan'uwa da tsohon miji duk shaidu ne, amma shaidu ne masu rabo a cikin shari'ar. Na biyu, kada daɗin tsegumi ya sa a manta da aikin da ya sa ake zancen mutumin tun farko. An cika shafuka masu yawa a kan wanda ya kashe Asmahan da waɗanda ta aura, alhali abin da za a iya tabbatarwa, a saurara, a kuma yi nazari, shi ne abin da ta yi da muryarta a gaban makirfo tsakanin 1939 da 1944.

Ta rayu a tsakanin gida mai ganin waƙarta abin kunya ce da gari mai son waƙar amma yana riƙe mata takardar zama, sannan manyan dauloli suka yi amfani da sunan gidansu suka watsar da ita da buƙatarsu ta biya. A cikin wannan matsi ta nuna cewa muryar Balarabiya za ta iya ɗaukar ƙasidar fusha da tango da salon Opera ba tare da ta rasa kamanninta ba, hanyar da mawaƙan da suka biyo bayanta suka daɗe suna bi. Mai son ya san ta, ya nemi Ya Ɗuyur ya saurara tukuna, sannan ya buɗe littattafan.